Saƙo Mai Kwaɗo

Kakata Hantsi, nan Aliero,
Malam Nomau take kai wa wasiƙa ya karanta mata.
Kafin la'asar duk unguwa
ta san nawa ɗanta ya aiko daga Ikko.

Ni yau, zaune kan buhun albasa,
na rubuta wa Arzika kalma uku.
Wayar ta ce an kulle.
Mabuɗi biyu kacal aka ƙera,
ɗaya a aljihunsa, ɗaya a tafina.
Mai tare hanya in ya ɓare saƙon,
ɓawo zai tarar bayan ɓawo,
ladansa hawaye.

To, an toshe kunnen bango,
aka manta da idon ƙanwata Tsahara
da ke leƙe ta kafaɗata,
tana danne dariya.