Ajuji

A lakwal ta Birni Malam Kanta ya ce mana
mutanen Masar na dauri
a jikin dutse suke sassaƙa sunansu,
wai muddin baki na faɗinsa
mai shi bai gama mutuwa ba.
Wani sunansa "Rana ce ta haife shi",
wata kuwa "Kyakkyawa ta iso".

Sai ya bi layi da tambaya.
Tanko ya ce mata uku ne a gabansa.
Nomau ya ce damina.
Da aka zo kaina, aji ya kwashe da dariya.

Da dare na tambayi Iya.
Ta daɗe tana tsintar wake.
"Huɗu na haifa kafin kai,
kowanne da suna mai daɗi, duk an ɗauke.
Kai, bayan gidan majema na kai ka,
na aje cikin toka da fasassun kasake,
ban waiwaya ba.
Tsohuwa Gaji ta tsinto ka.
Wa ke sunkuyawa don abin da aka yar?
Na ce ko ita ma ta wuce."

Ita ma. Iya ba ta kama sunanta ba.

Ga duwatsun Damagaram nan jibge,
ba a rubuta kowa a jikinsu ba.
Sunana na yanka yana takardar haihuwa,
gara ta ci rabinsa.

Bana saba'in da ɗaya.
Har yau in an ƙwala mini kira a Kasuwar Dole,
ƙasa-ƙasa nake amsawa.