Shida ga Bakwai

Ni dai abin da na sa yaron maƙwabta ya rubuta
a katin bikin Azara lamba biyu ne:
shida, sanda a karkace, bakwai.
Ran shida ga watan bakwai. Ko akuya ta gane.

Ashe Munkaila, ɗan ɗana, haifaffen Amurka,
shi aka bar wa yankan tikiti.
Ya duba, ya karanta: watan shida, ran bakwai.
Sai ga su a Aboabo da akwati tara,
wata guda cur kafin a kwaɓa lalle,
ko buhun shinkafa ban taya ba.
Ubansa ya riƙe kai, ni na riƙe ciki.
Wai a can wata ke shiga gaba,
rana na biye da shi kamar ɗan rakiya.

Yaro ne mai baki kamar lasifikar Kejetiya.
Kokon safe, bai taɓa shan irinsa ba a duniya.
Ƙosai, a duniya.
Ruwan randa ma, a duniya.
Ran da mai ya ƙare a motar kawunsa
ya ce a tsaya a sha gas.
Kawun ya ce, girki za mu ɗora a ciki?

Humu kuwa, 'yar 'yata ta Ingila,
ta sauka ranar da katin ya faɗa, ba ƙari ba ragi.
A tashar torotoro aka taka mata ƙafa,
ita ta ba da haƙuri.
Ta tsaya neman layi inda layi bai taɓa kwana ba,
mota uku suka cika a kan idonta.
Na dafa mata shinkafa da wake da karan dafi,
ta cinye, ta suɗe kwano,
ta ce, ba laifi.
Daren nan ban runtsa ba.
Da safe uwarta ke gaya mini
a bakinsu ba laifi shi ne guɗa.

A shagon Baba Seidu tela aka yi ta ta ƙare.
Munkaila ya ce a ɗinka masa fant na shadda
mai aiki har idon sawu.
Humu ta ƙware da dariya, sai da aka ba ta ruwa:
a garinsu kamfai ke nan.
Daga nan ba a sake zaman lafiya ba.
Nata biskit, nasa kuki.
Ƙwallo ɗaya ake bugawa a fili bayan masallaci,
suna biyu suka raɗa mata.
Ta ce yana tauna magana kamar ɗanyen goro,
ya ce tana haɗiye rabinta kamar tuwo mai zafi.

Na ce ku zauna.
Shekarar da na je Kano ta'aziyya
na ce da wata mata, ƙanwarki ya zo,
tsakar gida ta ɗauki shewa.
Ban ce musu komai ba, sai da suka zo Kumasi sayen goro
na bar su da 'yan kasuwa.
Harshe ɗan fatauci ne,
inda ya kwana can yake sake riga.

Daren biki aka ɗauke wuta.
Su biyun suka faɗo kan tabarmata, ƙafa duk ƙura,
suna ta Kaka, Kaka,
muryar na hawa inda ya kamata ta sauka.
A nan dai bakinsu ya zo ɗaya,
kuskure ɗaya, ba na Ingila ba na Amurka.
Ban gyara ba.

Yanzu Azara ta fara tofar da yawu.
Na kira yaron maƙwabta tun da wuri,
na ce in lokacin katin suna ya yi
kada ka kuskura ka rubuta sunan wata.
Lamba da sanda kawai,
kuma ƙaramar ka sa a gaba.